Daga Zauren Ambassatna: Kowa Ya Ci Zomo Ya Ci Gudu

  A wannan karo za mu ɗan jingine zancen tsadar hatsi da kuɗin haya, mu leƙa wani fage da ba mu cika shiga ba, wato wasa idan ya zama sana'ar da mutum zai ci abinci da ita.

Abin da ya jawo haka kuwa ba ɓoyayye ba ne. A yau da wuya ka shiga gida biyar a Ambassatna, ko a sauran unguwannin da Hausawa ke zaune a Njamena, ba ka tarar da yaro ɗaya da ya ƙudurta a ransa cewa shi da ƙafarsa zai nemi arziki ba. Uba yana cewa a zauna a shago, yaro yana cewa shi filin ƙwallo ya nufa, uwa kuma tana tsakiya tana ba kowa haƙuri. Wani gidan an sayar da fuloti ko zinaren uwa an ba dillalin da ya yi alkawarin kai yaro Turai, daga nan ba a sake jin ɗuriyarsa ba. Wani gidan kuma an hana yaro ƙememe, sai aka wayi gari ya bi mota ya nufi hamada ba sallama. Duka biyun hasara ce. Saboda haka muka ga ya dace mu ɗauko tarihin mutum guda da ya yi wannan sana'a tun daga tushe har ƙarshenta, mu auna ribarta da faɗuwarta da mudu ɗaya.

Mutumin shi ne Martin Offiah, ɗan baƙi 'yan Nijeriya da aka haifa a Landan. Wasansa kuwa ba tamaula ba ce da muka sani, ƙwallon zari-ruga ne, wanda Faransawa da Ingilishi ke kira rugbi. Mun zaɓe shi ne bisa dalilai biyu. Na farko, shi ma ɗan tsiraru ne a ƙasar da aka haife shi, kamar 'ya'yanmu a nan Cadi. Na biyu, irin zari-rugar da ya buga, asalin kafuwarta gardama ce a kan tambayar da ke raba iyaye da 'ya'ya a gidajenmu yau: shin wasa aiki ne da ya cancanci lada, ko kuwa shagalin masu hali ne?

Ga waɗanda ba su taɓa tsayawa sun kalla a talabijin ba, bari mu ɗan yi bayani. Ƙwallon mai siffar gwanda ce, ana rungumar ta a hannu a ruga da gudu. Ba a miƙa wa abokin wasa ita ta gaba, sai ta baya ko ta gefe. Abokan hamayya kuwa aikinsu su cafke mai ƙwallo su kai shi ƙasa, kamar dai a kokawa. Wanda ya tsallake su duka ya dangwala ƙwallon a bayan layinsu na ƙarshe, ya ci. Wasan iri biyu ne. Akwai na mutum 15 a kowane ɓangare, wanda shi aka fi nuna mana a tashoshin Faransa. Akwai kuma na mutum 13, wanda shi ne na Offiah. A na 'yan 13 dangwale ɗaya maki 4 ne, bugun da ke biye masa maki 2, kuma idan aka kayar da ku sau 6 ba ku ci ba, sai ku miƙa ƙwallo ga abokan karawa. Minti 80 ake yi ana karo da ƙirji da kafaɗa, ba sulke, ba hular kwano.

To, me ya raba wasa ɗaya gida biyu? Kuɗi ne. A ƙarshen ƙarni na 19, ƙungiyoyin arewacin Ingila cike suke da masu haƙar kwal da ma'aikatan masaƙa. Asabar ranar aiki ce a wancan zamani, don haka duk leburan da ya bar aiki ya tafi wasa, sai a yanke masa ladan yini, alhali kuwa dubban 'yan kallo sun biya kuɗin ƙofa don su gan shi. Ƙungiyoyin arewa suka ce a bar su su mayar wa ɗan wasa abin da aka yanke masa. Shugabannin wasan na kudu, waɗanda yawancinsu 'ya'yan masu hali ne, suka ce atafau wasa ba a yin sa don kuɗi. A 1893 aka kai maganar gaban babban taro aka kayar da ita. Ranar 29 ga Agusta 1895 wakilan arewa suka taru a wani otal a garin Huddersfield, ƙungiyoyi 22 suka ɓalle suka kafa tasu hukuma, suka amince a riƙa biyan ɗan wasa abin da bai wuce sule 6 ba a kan yinin da ya rasa. A 1906 suka rage 'yan wasa zuwa 13 domin wasan ya ƙara sauri, ya ƙara jan 'yan kallo.

Masu mulkin ɗaya gidan ba su yafe wannan ɓallewa ba. Shekara 100 cur, har zuwa 1995 lokacin da su ma suka halatta biyan albashi, duk wanda ya buga wasan 'yan 13 korar sa suke yi har abada. A Faransa ma abin ya fi muni, domin a watan Disamba 1941 gwamnatin Vichy, wadda Cadi ta riga ta juya wa baya tun Agusta 1940 a zamanin Gwamna Félix Éboué, ta rushe hukumar wasan 'yan 13 ta ƙwace dukiyarta. Wannan raini da ake yi wa mai neman abinci da ƙarfin jikinsa ba baƙon abu ba ne a wurinmu. Dambe a ƙasar Hausa an daɗe ana ɗaukarsa wasan mahauta, ana cika fili a kalli Shago, a yi wa makaɗinsa Ɗan Anace kari, amma da wuya attajiri ya yarda ɗansa ya ɗaura zare a hannu.

A cikin wannan rabuwa Martin Offiah ya taso. An haife shi a unguwar Hackney ta Landan a tsakiyar shekarun 1960. Ya yi karatu a Woolverstone Hall, wata makarantar kwana da ke kusa da garin Ipswich, wadda hukumar ilimi ta Landan ke tura yaran birni a wancan lokaci. A can ya koyi zari-ruga ta 'yan 15, daga baya ya shiga ƙungiyar Rosslyn Park. Wurinsa a fili shi ne gefe, inda ake ajiye mai gudu. Gudu kuwa Allah ya ba shi, har Turawa suka laƙaba masa suna Chariots, wato keken dokin yaƙi. A 1987 mai horar da ƙungiyar Widnes, Doug Laughton, ya ga wasansa a wata gasa ya neme shi da ya koma wasan 'yan 13 a biya shi.

A duba nauyin wannan shawara a kan saurayi ɗan shekara ashirin da 'yan kai. Idan ya karɓa, ya rufe wa kansa ƙofar tsohon gidansa ke nan, domin dokar kora tana nan daram a lokacin. Zai bar Landan inda baƙar fata ke da yawa, ya koma wani ƙaramin garin masana'antu kusa da Libaful inda bai san kowa ba, ya shiga wasan da bai taɓa bugawa ba. Ya karɓa. Amma a lura da yadda ya tafi: ƙungiya sananniya ce ta neme shi, mai horarwa sananne ne ya zo da kansa, an rubuta yarjejeniya an sa hannu, kuma ba a ce ya kawo ko sisin kwabo ba. Shi aka biya.

Kakar wasansa ta farko ya dangwala ƙwallo sau 42, ya fi kowa a ƙasar, aka zaɓe shi gwarzon ɗan wasa na 1988. Widnes ta ɗauki kofin ƙasa a 1988 da 1989, sannan a 1989 ta doke zakarun Ostareliya, Canberra Raiders, da ci 30 da 18 a filin Old Trafford na Manchesta. Lokacin da ake hutun wasa a Ingila ba ya zama, sai ya tsallaka Ostareliya ya yi wa ƙungiyoyin birnin Sidni wasa na 'yan watanni, kamar dai yadda namu ke tafiya cin rani. A wasa 145 da ya yi wa Widnes ya ci 181, wato ya fi ci ɗaya a kowane wasa.

A watan Janairu 1992 ƙungiyar Wigan, wadda ita ce giwar wasan a lokacin, ta saye shi a kan fam 440,000. A canjin wancan lokaci, kafin karyewar darajar sefa ta 1994, kuɗin ya haura sefa miliyan 200. Ba a taɓa sayen ɗan wasan 'yan 13 da tsada haka ba a duniya, kuma sai a 2006 aka sami wanda ya wuce shi. Sai dai yaranmu su gane, wannan kuɗi aljihun Widnes ya shiga, shi albashinsa daban ne. A watan Mayu na shekarar ya dangwala ƙwallo sau 10 a wasa ɗaya da ƙungiyar Leeds, aka tashi 74 da 6. Ya ɗauki babban kofin ƙalubale tare da Wigan sau 4 a jere, daga 1992 zuwa 1995, kuma sau biyu ana zaɓen sa gwarzon wasan ƙarshe. Wanda aka fi tunawa shi ne na 1994 a filin Wembley, inda ya karɓi ƙwallo kusa da layin gidansu, ya keta tsakiyar 'yan Leeds, ya kewaye mai tsaron bayansu ta gefe, ya dangwala ta a ɗaya ƙarshen filin, sannan ya durƙusa ya dafe kai. A wasa 159 da ya yi wa Wigan ya ci 186.

Ya sa rigar Birtaniya sau 33 ya ci mata 26. Yana cikin waɗanda suka ci a birnin Sidni a 1988, ranar da Birtaniya ta doke Ostareliya karon farko cikin shekara 10. A 1991 kuma shi kaɗai ya zura wa Faransa 5 a wasa ɗaya. Da ya ajiye wasa, jimillar abin da ya ci a zari-rugar 'yan 13 ta kai 501. Mutum biyu ne kawai suka wuce shi a tarihin wasan a Birtaniya, wato Brian Bevan da Billy Boston.

Duk wannan ɗaukaka ba ta hana shi shan zagi ba. A shekarun 1980 da farkon 1990 'yan kallon abokan hamayya sun sha jifansa da kalaman wariyar launin fata, shi kuwa amsarsa ita ce ya ci su, ya yi murnarsa a gabansu. Kuma ba shi ya fara buɗe wannan hanya ba. Billy Boston da muka ambata, wanda mahaifinsa ɗan Saliyo ne, an haife shi a unguwar bakin teku ta Cardiff a 1934. Da ya ga gidan 'yan 15 na garinsu ba shi da niyyar ba baƙi wuri, sai ya koma Wigan a 1953, ya ci mata 478. Clive Sullivan kuma shi ne baƙin fata na farko da ya zama kyaftin na wata ƙungiyar ƙasa ta Birtaniya a kowane irin wasa, shi ya ɗaga kofin duniya a Faransa a 1972. A 2015 aka kafa mutum-mutumin gwarzaye 5 na wasan a ƙofar Wembley, biyu daga cikinsu Boston ne da Offiah, shi Offiah an sassaƙa shi a durƙushe kamar yadda ya yi a 1994. Sassaƙa ba al'adarmu ba ce, amma mun fahimci abin da suke nufi da ita. A 2025 Sarkin Ingila ya ba Boston sarautar Sir yana da shekara 90, shi ne ɗan wasan 'yan 13 na farko da ya samu.

A nan akwai abin da ya shafe mu kai tsaye. Kakanninmu sun zauna a wannan gari tun yana Fort-Lamy, wasu fatauci ya kawo su, wasu hanyar Makka ce ta biyo da su suka yada zango, zangon ya zama gida. Amma har yau akwai mai ganin Bahaushe ya tambaye shi yaushe zai koma Nijeriya ko Nijar. Mu ma da namu laifin, domin mun fi son mu tsaya a kasuwa da masallaci da zaurukanmu, mu bar sauran fagage ga wasu. Offiah bai ce shi baƙo ne a ƙasar da aka haife shi ba, rigarta ya sa, kuma da ya ci mata wasa, masu zagin nasa ma dole suka tafa. Yaron Ambassatna da ya sa rigar Sao ya tsaya a filin Idriss Mahamat Ouya ana rera taken ƙasa, ya yi wa al'ummarmu aikin da wasiƙun koke goma ba za su yi ba. Don haka mu ba ma cikin masu cewa wasa aikin banza ne.

To, amma mudu ɗaya muka ce za mu auna da shi, saboda haka ga ɗaya gefen. Offiah ya bar Wigan a 1996, ya yi wa London Broncos da Salford wasa, ya ɗan koma gidan 'yan 15 da aka buɗe ƙofa, zuwa 2002 ya ajiye. Shekara 15 ke nan, kuma shi yana cikin masu dogon zamani. A shekarun da ɗan kasuwa ke fara kama ƙasa, yana buɗe shago na biyu, yana shirin aurar da 'yar fari, a lokacin ne ɗan wasa ke wayar gari ba shi da sana'a. Offiah ya tsira ne domin yana da karatu, yana da baki, yana da suna, sai ya koma sharhin wasanni da shirye-shiryen talabijin da hulɗa da kamfanoni. Ɗaruruwan da suka yi wasa tare da shi, waɗanda ba a sassaƙa kowa cikinsu ba, da yawa aikin gini da tuƙi da gadi suka koma. Hasali ma kafin a kafa gasar Super League a 1996, yawancin 'yan wasan suna da aikinsu na yini, da yamma suke zuwa atisaye.

Kuɗin ma bai kai yadda ake zato ba. A 2020 dokar gasar ta ƙayyade cewa albashin dukan 'yan wasan ƙungiya guda a shekara kada ya wuce fam miliyan 2.1, in ban da 'yan keɓe-keɓe kaɗan. Tauraro ɗaya na tamaula a Ingila yana kwashe wannan cikin 'yan watanni. Uban gidan ma yana iya karyewa. Widnes da ta fito da Offiah ta faɗa matsalar kuɗi jim kaɗan bayan tafiyarsa, ta sayar da manyan 'yan wasanta, kuma a 2007 da 2019 bashi ya kai ta hannun masu kula da kamfanonin da suka durƙushe. Bradford Bulls, wadda ta taɓa zama zakarar duniya, an rushe ta a Janairu 2017, sai sabuwa aka kafa da sunanta. Ga kuma jiki. Gwiwa da kafaɗa ana iya ɗinke su, amma kai fa? Bobbie Goulding, wanda ya sa rigar Birtaniya a zamani ɗaya da Offiah, ya bayyana a 2021 cewa likitoci sun same shi da ciwon mantuwa tun bai kai shekara 50 ba, kuma yana cikin tsofaffin 'yan wasan da suka kai hukumar wasan ƙara a kan raunin ƙwaƙwalwa.

Kada wani ya ce wannan labarin Turawa ne. Muna da namu a gida, a fagen tamaula. Japhet N'Doram sa'an Offiah ne, an haife shi a wannan gari a 1966. Ya fara a Tourbillon, ya tsallaka Kamaru ya yi wa Tonnerre ta Yawunde wasa, sannan a 1990 ya isa Nantes a Faransa, inda ya ɗauki kofin ƙasar a 1995, ya kai wasan kusa da na ƙarshe na kofin zakarun Turai a 1996. Ya koma Monaco a 1997, rauni ya tsayar da shi a 1998 yana da shekara 32. Kafin shi akwai Nambatingue Toko, wanda ya ci wa Paris Saint-Germain ƙwallo a wasannin ƙarshe na kofin Faransa a 1982 da 1983. A duba hanyar da N'Doram ya bi: ƙungiyar gida, sannan ta maƙwabta, sannan Turai, mataki bayan mataki, kowane mataki da shaidu. A kuma ƙirga, daga samun 'yancin kai a 1960 zuwa yau, 'yan Cadi nawa ne suka kai inda waɗannan biyu suka kai? Yatsun hannu sun isa.

Akwai iyayen da tsoronsu ba na kuɗi ba ne, na addini ne, suna gudun kada yaro ya tafi ya bar salla ya kama shaye-shaye. Tsoron yana da tushe, amma wasan 'yan 13 ɗin nan ya ba mu misalin da ke kwantar da hankali. Hazem El Masri, wanda aka haifa a Tarabulus ta Labanan a 1976, iyayensa suka yi ƙaura da shi Ostareliya yana yaro, ya yi wa ƙungiyar Canterbury wasa daga 1996 zuwa 2009, ya tara maki 2,418, abin da ba wanda ya taɓa tarawa a gasar ƙasar kafin shi. An san shi da riƙon azumin Ramadan ko da ranar wasa ce, kuma ba ya kusantar giya. Abin da yaro ya sha a gida da shi yake tafiya. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Ita kanta zari-rugar 'yan 13 ta fara matsowa kusa da mu. A watan Oktoba 2019 an yi gasar yankin a Legas tsakanin Nijeriya da Gana da Maroko da maƙwabciyarmu Kamaru, Nijeriya ta ɗauki kofi, ta sake ɗauka a Akara a 2022. A Faransa kuma ƙungiyar Catalans Dragons ta garin Perpignan tana cikin gasar Ingila tun 2006, har ta ci kofin ƙalubale a Wembley a 2018. Ba mamaki wata rana mu ji an zo neman ƙarfafan samarinmu da suka saba da kokawa a yashin bakin kogin Shari. In an zo, da wace shawara za a same mu?

Shawararmu ita ce mu ɗauki wasa da ka'idar da muke ɗaukar kowace sana'a. Mu Hausawa ba a koya mana yadda ake tura yaro nema. In za mu aika ɗa Kano ko Jidda ko Dubai, sai mun san uban gidan da zai sauka wurinsa, mun san wanda ya tsaya masa, mun yi magana gaban shaidu. Me zai sa in an zo kan ƙwallo mu miƙa ɗa da dukiya ga mutumin da lambar waya kawai muka sani? Ƙungiyar gaskiya ita ke biyan kuɗin jirgi da masauki. Duk wanda ya ce a kawo kuɗin biza da na gwaji, a tambaye shi takardar gayyata, a kai ta hukumar ƙwallon ƙafa ta ƙasa a tantance. A kuma sani cewa tun 2001 dokar FIFA ta hana kai yaron da bai cika shekara 18 ba wata ƙasa don wasa, sai bisa wasu 'yan sharuɗɗa ƙalilan. Wanda ya ce zai fitar da ɗan shekara 15, ko dai bai san doka ba, ko kuwa ya san ta sarai.

Na biyu, takardu. Yaran unguwarmu da yawa ba su da takardar haihuwa, wasu kuma an yi musu ita da shekarun ƙarya. Ɗan tsiraru da ba shi da takarda shi ake fara ce wa baƙo, a filin wasa ko a ofis. A yi wa kowane yaro tasa tun yana jariri, da sunansa na gaskiya da shekarunsa na gaskiya, domin yanzu har na'urar asibiti ake sa wa a duba ƙashin wuyan hannu a gasar matasa, kuma wanda aka kama ya jawo wa kansa da ƙasarsa kunya.

Na uku, sana'a ta biyu. Uba ya zauna da ɗansa su yi ciniki irin na manya: na yarda ka je atisaye da yamma, kai kuma ka yarda da makarantar allo da ta boko da safe, ko ɗinki, ko gyaran waya, ko zaman shago. A sa wa'adi. In ya kai shekara 20 ko 21 babu wata babbar ƙungiya ta Njamena da ta neme shi, to magana ta fito fili, sai ya riƙe wasa na motsa jini ya kama abin da zai riƙe shi. In kuwa Allah ya sa an neme shi, to albashin farko a fara da fuloti da jari, domin ba a fafe gora ranar tafiya, kuma ranar da gwiwa za ta ce ta gaji ba ta yin sallama.

Ku kuma samari, ga taku. Kun ga dangwale 501, kun ga fam 440,000, kun ga Wembley. Ku haɗa da sanyin arewacin Ingila, da zagin 'yan kallo, da atisayen kowace rana na shekara 15, da ƙattin da ke jiran mutum su maka shi da ƙasa sau da dama a kowane wasa. Kowa ya ci zomo ya ci gudu. Wanda ba ya iya tashi sallar asuba ba tare da an yayyafa masa ruwa ba, wanda sigari ke aljihunsa, wanda in an sa shi a benci sai ya yi fushi ya bar ƙungiya, bai shirya wa wannan sana'a ba, ko da ya fi barewa gudu. Kuma albarkar iyaye guzuri ce, kada wanda ya kama hanya ba tare da ita ba.

Muna kira ga masu unguwanni da limamanmu da ƙungiyoyin 'yan kasuwa da su sa wannan magana cikin abin da ake tattaunawa a zaure. Ba zai gagare mu ba mu sami dattawa biyu ko uku, tare da wani da ya san dokokin wasa da mai karanta Faransanci da kyau, waɗanda duk uban da aka zo wa da tayin fitar da ɗansa zai kai musu takardun su duba kafin ya sayar da ko akuya. Wakilan arewa da suka taru a Huddersfield a 1895 abin da suka nema ke nan, kada a ci gumin mai wasa a banza.

A nan za mu dasa aya. Mai ƙarin bayani ko mai ganin akasin abin da muka faɗa, ƙofar wannan fili a buɗe take, a rubuto mana da Hausa ko da Faransanci. Allah ya shirya mana zuriya, ya ba kowa sana'ar da za ta rufa masa asiri har tsufa. Sai wata mai zuwa in Allah ya kai mu. Wassalam.